DARASI: A JI TA BAKIN KOWA, KUMA KADA A BAR MAI ƘARA YA TSUFA A BAKIN OFIS

 

Ya ku 'yan'uwa matasa, duk wanda ya tashi cikin birni, ko a Yakasai ko Mandawari ko Ɗandago, ya san rigimar gida da fili. Wani gidan gado ne, ba shi da takarda sai shaidar maƙwabta da mai unguwa. Wani kuma ya wayi gari an shafa masa jan fenti a katanga. In ya kai kuka ofis sai a ce fayil yana sama, ya dawo mako mai zuwa. To, zalunci a nan fuska biyu gare shi: a yi wa mutum hukunci da gaggawa ba a ji ta bakinsa ba, ko a ja shi a ƙasa har ya gaji ya bari.

Abin da doka ta ce

A da, Sarki da majalisarsa su ke jin ƙarar gida da gona, kuma rubutattun shari'o'in zamanin Sarki Abbas, 1903 zuwa 1919, suna nan. A 1968 aka karɓe kotuna daga hannun En'e. A 1978 gwamnatin Janar Obasanjo ta kafa Dokar Amfani da Ƙasa, wadda ta ɗora ƙasar kowace jiha a hannun Gwamna a matsayin amana. Ku riƙe abubuwa uku daga cikinta. Sashe na 34 ya ɗauki wanda ya ke da ginannen gida a birni kafin dokar tamkar mai izinin mallaka. Sashe na 28 ya ba Gwamna ikon soke mallaka saboda amfanin jama'a, amma sai an ba mai wurin sanarwa. Sashe na 30 kuwa ya ce gardama a kan yawan diyya a kai ta gaban kwamitin rabon filaye.

Ga inda gizo ke saƙa: Gwamna shi ke naɗa wannan kwamiti, kuma dokar ba ta yanka masa wa'adi ba. Amma sashe na 36 na Tsarin Mulkin 1999 ya ba kowa haƙƙin a saurare shi da adalci cikin lokacin da ya dace.

Abin da ya faru a Filin Idi

A watan Yuni 2023 gwamnatin Abba Kabir Yusuf ta rushe shagunan Filin Idi na Ƙofar Mata, tana cewa gwamnatin Ganduje ta raba filin jama'a ba bisa ƙa'ida ba. 'Yan kasuwa su ka tafi Babbar Kotun Tarayya, a watan Satumba ta ce a biya su Naira biliyan 30. A Disamba aka yi sulhu a kan biliyan 3. Ko da filin na jama'a ne, da an kira mutanen nan an ji su kafin katafila ta iso, da asarar ba ta kai haka ba. Kuɗin diyyar ma daga aljihun talaka ya ke fita.

Abin da Shari'a ta koyar

Lokacin da Annabi (SAW) ya aiki Sayyidina Ali Yaman, ya hore shi da kada ya yanke hukunci sai ya ji na biyu kamar yadda ya ji na farko. Ku duba kuma ƙissar Annabi Dawuda cikin Suratu Sad, ta mai tumaki 99 da mai tunkiya ɗaya. Wasu malaman tafsiri sun ce darasinta ke nan. Shi ya sa a fiƙihun Malikiyya akwai i'izari, watau alƙali ya tambayi wanda hukunci zai faɗa kansa ko yana da sauran hujja. Wasiƙar Sayyidina Umar ga Abu Musal Ash'ari kuma ta umarci a yanka wa mai da'awa wa'adi ya kawo hujjarsa. Kun ga ke nan saurare da wa'adi tare su ke tafiya. Ma'aikacin da ya danne fayil don a ba shi na goro, ya sani akwai ranar da za a buɗe nasa fayil ɗin.

Jinkiri kuma yana cin mai shi. A babin hauzi, wanda ya ga bare yana zaune a gidansa yana gini shekara 10, yana gari, ba uzuri, bai ce uffan ba, ba a sauraron da'awarsa.

Abin da ya kamace ku

1. Ku taimaki iyayenku su tattara takardun ciniki da na rabon gado da sunayen shaidu tun kafin rigima ta taso.
2. Kowane koke a rubuce, da kwanan wata, a buga muku hatimin karɓa, ku ajiye kwafi.
3. In ofis ya yi shiru, akwai Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a ta Tarayya, wadda aka kafa a 1975. Kada ku bari wata 12 ya wuce. Jihar Kano ma tana da tata. Ƙofar Babbar Kotu kuma a buɗe ta ke.
4. Kada ku ba da rashawa, kada ku ɗauki gora ko wuƙa a kan iyaka.
5. In an kira ku shaida, ku faɗi gaskiya ko a kan ɗan'uwanku ne.

Gobe wasunku ne za su zauna a kujerun nan, wani safiyo, wani magatakarda, wani alƙali. In tsohuwa ta zo da takardarta a ƙulle cikin gefen zane, ku ba ta wurin zama, ku ji ta, ku faɗa mata ranar da za ta sami amsa, ku kuma cika.

Allah Ya tsare mu da cin haƙƙin wani, Ya sa mu dace. Amin.