Shin Duwatsun Funtuwa Sun Taɓa Aman Wuta? Ziyarar Nazari ta Yini Guda Zuwa Malumfashi

Gabatarwa

Duk matafiyin da ya ratsa ƙasar Funtuwa, Bakori da Malumfashi a kudancin Jihar Katsina, zai ga manyan duwatsu masu santsin baya sun taso a tsakiyar gonakin masara, dawa da auduga, kamar an kifa ƙwarya a kan faifai. Ɗalibai da yawa, har ma da wasu malamai, sukan ɗauka cewa waɗannan tsofaffin duwatsu ne masu aman wuta waɗanda wutarsu ta mutu. Binciken masana kimiyyar ƙasa ya nuna cewa ba haka al'amarin yake ba. Gyara wannan fahimta yana da amfani fiye da cin jarrabawa, domin irin dutsen da ke ƙarƙashin ƙafarmu shi ke yanke hukunci a kan irin ƙasar noman da muke da ita, da wurin da rijiya za ta ba da ruwa, da kayan da ke cika kasuwanninmu. Wannan maƙala za ta nuna yadda malami da ɗalibansa, ko kuma iyali guda, za su shirya ziyarar yini ɗaya su gane wa idonsu.

Yadda dutsen wuta ke samuwa

Zafi yana ƙaruwa yayin da ake nutsawa cikin ƙasa, da kimanin digiri 25 zuwa 30 a ma'aunin Salshiyas a kowace kilomita guda. A wasu wurare, can ƙasa sosai, dutse kan narke ya zama kamar kunu mai kauri. Wannan narkakken dutse yana da makoma iri biyu.

Makoma ta farko ita ce ya sami kafa ya ɓullo sarari, wato aman wuta ke nan. Da yake iska da ruwa suna sanyaya shi cikin kwanaki ko watanni, ƙwayoyin ma'adinan cikinsa ba sa samun lokacin girma. Saboda haka dutsen yakan fito da laushin jiki, ido ba ya iya rarrabe ƙwayoyinsa. Wanda ya fi yawa a wannan rukuni shi ne basal, baƙin dutse mai nauyi wanda kan fito da zafin digiri 1,000 zuwa 1,200, kuma sau da yawa akan ga ƙananan ramuka a jikinsa inda iskar gas ta kuɓuce.

Makoma ta biyu ita ce ya maƙale a can ƙasa, kilomitoci da dama daga sarari, ya yi ta hucewa a hankali cikin dubban ɗaruruwan shekaru. A nan ƙwayoyin sukan girma har a gan su da ido. Shahararren dutse a wannan rukuni shi ne giranait. Misalin da zai taimaki ɗalibi shi ne ruwan gishiri: wanda aka ƙafar a kan wuta nan take yakan bar gari mai laushi, wanda kuwa aka bari ya bushe da kansa cikin kwanaki yakan bar manyan ƙwayoyi.

Duwatsun ƙasar Funtuwa 'yan rukuni na biyu ne. Yawancinsu giranait ne da ya daskare kimanin shekaru miliyan 600 da suka wuce, lokacin da manyan ɓangarorin ɓawon duniya suka yi karo a wannan sashe na Afirka. Tare da shi akwai duwatsun da zafi da matsi suka sauya wa kama, irin su nais mai ratsin fari da baƙi, da shist mai tsagewa falle-falle. Masana sun ma raɗa wa wani zirin shist sunan Malumfashi.

Shirin tafiya

Tafiyar ba ta da nisa, domin hanyar da ta tashi daga Funtuwa ta bi ta Bakori zuwa Malumfashi ba ta kai kilomita 60 ba. Lokacin da ya fi dacewa shi ne kaka, daga Nuwamba zuwa Janairu, sa'ad da ciyawa ta bushe, duwatsu ba su da santsin ruwa, kasuwanni kuma sun cika da amfanin gona. Kayan aiki su ne guduma, gilashin ƙara girman abu, maganaɗisu, littafin rubutu, kwalba mai ruwa da 'yan ledoji na zuba samfur.

Wajibi ne a sa maganar tsaro a gaba. Kudancin Katsina ya sha fama da 'yan bindiga, kuma ba a manta da sace ɗaruruwan ɗalibai daga makarantar sakandaren kimiyya ta Ƙanƙara a watan Disamba na 2020 ba. Don haka kada a fita sai da izinin hukumar makaranta da na iyaye, da shawarar jami'an tsaro da masu unguwanni. A tsaya a bakin babbar hanya da kewayen gari, a kuma dawo gida kafin la'asar sakaliya.

Zango na farko: gindin dutse a Funtuwa

A fara da sassafe a gindin ɗaya daga cikin duwatsun garin. Malami ya fasa ɗan guntu, domin bayan dutse ya riga ya dafe saboda rana da ruwa, sabon fashi ne ke nuna ainihin launinsa. Ɗalibi zai ga ma'adinai iri uku. Akwai mai kama da gilashi, wanda Bahaushe ke kira ƙanƙara, masana kuma suna ce masa kwaz. Yana da taurin da zai iya kartar kwalba. Akwai mai launin fari ko ja-ja wanda ake kira feldisfa, shi ne ya fi yawa. Sai kuma baƙi mai ƙyalli da ke ɓarewa kamar ɓawon albasa, wato maika. Ganin waɗannan ƙwayoyi da ido shi ne babbar hujjar cewa dutsen a ƙarƙashin ƙasa ya huce. A kuma duba ƙwanƙolinsa: babu rami irin na bakin dutse mai aman wuta, babu toka, babu alamar kwararar narkakken dutse.

To, idan a ƙarƙashin ƙasa ya samu, yaya aka yi ya fito sarari? Amsa ita ce zaizaya. Cikin miliyoyin shekaru ruwan sama ya yi ta ratsa ƙasa yana ruɓar da duwatsu. Inda dutse ke da tsaga da yawa ya ruɓe da sauri, inda yake dunƙule kuwa ya jure. Daga baya ruwa ya kwashe ruɓaɓɓen ya bar mai taurin a tsaye. Dutsen Kufena na Zariya da na Kwatarkwashi kusa da Gusau duk ta wannan hanya suka bayyana. Har ila yau, da aka sauke wa dutsen nauyin da ke danne shi, sai ya riƙa tsagewa yana zubar da ɓawo falle-falle, zafin rana da sanyin dare kuma suna taimakawa. Wannan ne ya ba shi siffar kifaffiyar ƙwarya.

Daga saman dutse malami zai iya nuna wani abin lura. Ƙasar Funtuwa tudu ce mai tsayin kimanin mita 700 daga matakin teku, kuma a kusa da nan ne Kogin Sakkwato ya samo asali, ya bi ta Gusau, ya haɗu da Rima, ya zuba a Kogin Kwara.

Zango na biyu: ramin ɗibar ƙasa a hanyar Bakori

A gefen hanya ba a rasa ramin da aka ɗebi ƙasa don gini ko aikin titi. Bangon irin wannan rami littafi ne buɗaɗɗe. A sama akwai ƙasar noma mai duhu, wadda kaurinta bai cika wuce taƙi ɗaya ko biyu ba. Ƙarƙashinta akwai jar ƙasa, wani lokaci da marmara. Jan launin tsatsar ƙarfe ce da ta taru. Can ƙasa kuma akwai ruɓaɓɓen dutse mai fari-fari wanda ke marmashewa a hannu.

Abin da ya faru shi ne, ruwan sama ya mai da feldisfa yumɓu, ƙanƙara kuwa ta ƙi narkewa ta zama yashi. Ɗalibai za su tabbatar da haka idan suka zuba ƙasa a kwalbar ruwa suka girgiza: yashi zai kwanta nan da nan, laka ta biyo baya, yumɓu kuma ya daɗe yana yawo a sama. Farar ƙasar da ake haƙa a yankin Ƙanƙara ma daga ruɓewar feldisfa ta samu.

A nan ne darasin ya shafi rayuwa kai tsaye. Giranait ba ya riƙe ruwa a jikinsa kamar yadda dutsen yashi na ƙasar Sakkwato ke yi. Ruwan ƙarƙashin ƙasa a wannan yanki yana taruwa ne a cikin ruɓaɓɓen dutse da kuma tsagogi. Shi ya sa za a haƙa rijiyar burtsatse a sami ruwa, a haƙa wata a unguwar da ke kusa a tarar da busasshen dutse, kuɗin jama'a ya tafi a banza. Binciken masana kafin haƙa yana rage wannan hasara. Wannan ne kuma ya sa manyan garuruwa ke dogara da madatsun ruwa, irin ta Mairuwa da ke kusa da Funtuwa.

Bugu da ƙari, ƙasar da ta fito daga tsohon dutse irin wannan ba ta da wadatar sinadarin fosfaras da naitirojin. Yankin yana samun ruwan sama kimanin milimita 1,000 a shekara, ƙasar kuma tana riƙe laima, amma masara ba ta yin kyau sai da taki. Shirin bunƙasa aikin gona na Funtuwa, wanda aka fara a 1975 da tallafin Bankin Duniya, ya yaɗa takin zamani da ingantaccen irin masara, har ta zama babban amfanin gonar yankin. Ɗan siririn ɓawon nan na ƙasar noma yakan ɗauki ɗaruruwan shekaru kafin ya ƙaru da kaurin yatsa, alhali ruwan damina ɗaya zai iya kwashe shi daga gonar da aka bari tsirara.

Zango na uku: kasuwar Malumfashi

Da azahar a isa Malumfashi, mazaunin Galadiman Katsina. A raba ɗalibai rukuni-rukuni, kowane rukuni ya nemi izinin mai kaya kafin ya yi tambaya, sa'annan ya rubuta asalin kowane abu. Dutsen niƙa giranait ne, taurin ƙanƙarar cikinsa ke murƙushe hatsi. Tukwane da randuna yumɓu ne da aka gasa. Kanwa baƙuwa ce, daga wuraren da ruwa ke ƙafewa a yankin Tafkin Cadi da Jamhuriyar Nijar take zuwa. Idan aka ci karo da dutsen goge kaushi mai ramuka, a jefa shi a ruwa. Na asali wanda aman wuta ya haifar yakan yi iyo saboda iskar da ke cikinsa, ko da yake akwai na kanti da ake sarrafawa a masana'anta.

Buhunan masara, dawa, waken soya da auduga su ma 'ya'yan wannan ƙasa ne. Auduga ce ta jawo layin dogo daga Zariya ya ratsa Funtuwa zuwa Ƙauran Namoda a ƙarshen shekarun 1920, ta kawo injinan gurza, daga baya kuma masaƙar Funtuwa. Tun kafin zuwan Turawa, garin Maska ya yi suna wajen saƙa da rini.

To, ina ainihin duwatsu masu aman wuta?

Nijeriya tana da su, sai dai an yi nisa da Funtuwa. A tudun Biu na Jihar Barno akwai shimfiɗar basal da tsaunuka masu rami a ka, kuma Tafkin Tila ruwa ne da ya taru a bakin tsohon dutse mai aman wuta. A Jihar Filato akwai jerin irinsu a wajen Panyam da Kerang, inda ƙasar basal mai albarka ke ba da dankalin Turawa. Akwai kuma duwatsun Riruwai a kudancin Jihar Kano, saiwar wani tsohon dutse mai aman wuta na zamanin da ya wuce shekaru miliyan 150, inda aka daɗe ana haƙar kuza. A maƙwabciyarmu Kamaru kuwa wutar ba ta mutu ba: Dutsen Kamaru ya yi aman wuta a 1999 da 2000, kuma a ranar 21 ga Agusta, 1986, iskar gas da ta taso daga Tafkin Nyos ta halaka mutane fiye da 1,700.

Kammalawa

Mazauna Funtuwa da Malumfashi ba su da fargabar aman wuta daga duwatsunsu. Abin da ya kamata su sa wa ido shi ne zaizayar ƙasar noma, haƙar rijiya ba tare da bincike ba, da fasa duwatsu barkatai kusa da gidaje. Ana shawartar kowace makaranta ta tanadi ɗan akwati na samfuran duwatsu, a rubuta wa kowane guntu wurin da aka samo shi da kwanan wata, domin amfanin ɗaliban da ke tafe.

Tambayoyi don bita

1. Me ya sa ake ganin ƙwayoyin giranait da ido, amma ba a ganin na basal?
2. Kawo hujjoji uku da ke nuna cewa duwatsun Funtuwa ba su taɓa aman wuta ba.
3. Bayyana dalilin da ke sa rijiyoyi biyu da ke kusa da juna su bambanta wajen ba da ruwa.
4. Zaɓi kaya uku daga kasuwar garinku, ka bi sawun kowanne har zuwa dutse ko ƙasar da ya fito.