Darasin Abinci: Girkin Ganye Na Tsarin Paleo Da Abin Da Mai Ciki Za Ta Kiyaye

Mata da dama a asibitin awo suna tambaya kan tsarin cin abinci da ake kira Paleo, wanda suke gani a waya. Ga bayaninsa, tare da girki ɗaya da ya haɗa ɗanɗanon Habasha da na Ostareliya.

Mene ne Paleo?

Tsari ne na kwaikwayon cimar mutanen da, kafin a fara noma. Ana cin nama, kifi, ƙwai, ganye da 'ya'yan itatuwa, a bar hatsi, wake, gyaɗa, madara da sukari. Ya yaɗu bayan littafin Loren Cordain na Amurka a 2002.

Asalin girkin

Habashawa suna dafa ganye da yajinsu mai suna berbere, wanda ake haɗawa da barkono, citta, tafarnuwa, hulba da sauransu. Ostareliya kuwa ita ce asalin macadamia, ƙwallon wata bishiya mai yawan mai. A can sabon ganye yana fitowa daga Satumba zuwa Nuwamba, bayan sanyi ya wuce.

Kayan haɗi (na mutum 4)

Alayyahu ɗauri 2, karas 3, rabin kabeji, albasa 1, tafarnuwa, berbere ƙaramin cokali 1, man zaitun babban cokali 2, lemon tsami, macadamia tafin hannu ɗaya. In babu macadamia a sa kashu.

Yadda ake yi

1. A wanke hannu da sabulu, a wanke ganye da ruwa mai tsabta.
2. A soya albasa da tafarnuwa a wuta kaɗan, a zuba yaji.
3. A sa karas da kabeji da ɗan ruwa, a rufe minti 8.
4. A zuba alayyahu, minti 3 ya isa. Yawan dahuwa na rage sinadarin folet da bitamin C.
5. A sauke, a matsa lemon tsami, a barbaɗa dakakken macadamia. Lemon yana taimaka wa jiki ya tsotsi sinadarin ayon, mai ƙara jini, da ke cikin ganye.

Gargaɗi ga mai ciki da mai shayarwa

Girkin yana da amfani, amma mahaɗi ne, ba zai riƙe ki shi kaɗai ba. Su kansu Habashawa da injera suke cinsa, wato gurasar hatsin tef. Ki ci naki da tuwo, shinkafa ko wake.

Matsalar Paleo tana cikin abin da ya hana. Barin madara da nono yana rage kalsiyam. A Ostareliya, tun 2009 doka ta sa ana ƙara folik asid da gishiri mai aidin a burodi, don haka wadda ta bar burodi ta rasa su. Ƙarancin folik asid a farkon ciki yana iya jawo tawayar lakar jariri, ƙarancin aidin kuma yana taɓa ƙwaƙwalwarsa. Ki riƙa shan maganin ƙarin jinin da aka ba ki kullum. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ba da shawarar folik asid maikrogiram 400 a rana.

Jariri kuwa ba ruwansa da Paleo. A 2015 wani kamfani a Ostareliya ya fasa buga littafin girkin Paleo na jarirai, saboda haɗin hanta da romon ƙashi da aka kawo a madadin madara yana ɗauke da bitamin A fiye da kima. Nonon uwa zalla har wata 6.

Mai ƙwannafi ko gyambon ciki ta rage yaji. Kada a ba yaro ɗan ƙasa da shekara 5 macadamia ko kashu ba tare da an daka ba, don kada ya shaƙe.

Uwargida, kafin ki cire wani abinci daga cimarki, ki tuntuɓi ungozoma ko jami'in abinci ranar awo. Rigakafi ya fi magani.