Wa Zai Biya? Darasi a kan Inshorar Mota

Ran Laraba kasuwar Dutsin-Ma ke ci. Wanda ya tsaya a bakin hanyar nan da ta taso daga Katsina ta ratsa Kurfi, tun da hantsi zai ga abin da ke wucewa. Ga motocin fasinja cike maƙil, ga manyan motoci da buhunan hatsi, ga a-kori-kura da awaki, ga babura masu goyon mutum biyu, ga amalanken shanu, ga kuma masu tafiya a ƙasa da kaya a ka. Dukansu hanya ɗaya su ke bi, amma ƙarfinsu ba ɗaya ba ne. In jaki ya yi tuntuɓe, tulu ɗaya ya ke fasawa. In mota ta ƙwace, ta kan yi ɓarnar da mai ita ba zai iya biya ba, ko da ya sayar da ita ya haɗa da gonarsa.

Bari mu yi misali. Wani mutum ya yi shekaru yana tari, ya sayi mota, ya ɗauki direba. Ran nan direban ya taso daga Kurfi za shi kasuwa, yana sauri don ya sami sawu na biyu. Ya zo zai wuce wata babbar mota a kan kwana, sai ga wata ƙaramar mota ta ɓullo. Ya buge ta, ya zarce ya banke sa guda na wani manomi da ke ja da amalanke. Manomin ya karye a ƙafa. To, ga mota ta lalace, ga sa ya mutu, ga mutum kwance a asibiti, damina kuwa ta kusa. Wa zai biya?

Direba ba shi da abin biya. Mai mota zai ce, "Ai ni ina gida." Wannan magana ba ta fid da shi a gaban kotu, gama direban yaronsa ne, aikinsa kuma ya ke yi sa'ad da abin ya auku. Saboda haka alhakin ya kan hau su duka biyu. In babu wanda ya tsaya musu, ɗayan biyu ne: ko mai mota ya tsiyace, ko manomi ya tafi hannu banza, shi da bai ci ba bai sha ba. Domin wannan matsala aka kafa dokar inshorar mota.

Inshora yarjejeniya ce. Mai mota ya kan ba kamfani kuɗi kaɗan kowace shekara. Kamfani kuma ya ɗauki alkawari, in motar nan ta yi wa wani ɓarna, shi zai biya a madadin mai ita. Irin wadda doka ta wajabta ana kiranta inshorar mutum na uku. Ku lura da ƙidayar. Na farko shi ne mai mota. Na biyu shi ne kamfani. Na uku kuwa shi ne duk wanda ba ya cikin yarjejeniyar, amma hanya ta gama shi da motar: mai tafiya a ƙasa, mai babur, mai amalanke, mai rumfa a bakin titi. Shi bai biya ko kwabo ba, bai ma san an yi takardar ba, amma dominsa aka yi ta.

Mai karatu zai ce, yaya kamfani zai karɓi kaɗan ya biya da yawa, bai karye ba? Ga lissafin. Mu ce masu mota 1,000 kowa ya ba da naira 15,000. An tara naira miliyan 15 ke nan. Ba dukansu za su yi haɗari a shekara guda ba. Mu ce biyar ne suka yi, kowanne ya yi ɓarnar naira miliyan 2. An biya miliyan 10, sauran ya tafi ga aikin kamfani da ajiyar baɗi. Kun ga ashe kuɗin waɗanda suka tsira ne ya ɗauki nauyin waɗanda tsautsayi ya afka wa. Ba wanda ya san a wane ɓangare zai sami kansa bana, shi ya sa kowa ke zubawa.

Wannan doka ba jiya aka fara ta ba. A Ingila aka wajabta wa masu mota irin wannan inshora a 1930, da motoci suka yi yawa, aka ga mutane na mutuwa a hanya ba mai biyan iyalinsu. A Nijeriya aka yi tamu dokar a 1945, ta soma aiki ran 1 ga Afrilu 1950. A lokacin nan da fam da sule a ke ciniki, motoci kuma hannun hagu su ke bi, sai a 1972 aka koma dama. A 1997 aka kafa hukumar da ke lura da kamfanonin inshora, watau NAICOM. Dokar inshora ta 2003 ta ce kada abin da kamfani zai ɗauka na ɓarnar dukiya ya gaza naira miliyan 1, ta kuma yanka wa mai tuƙi ba inshora tarar naira 250,000, ko ɗaurin shekara guda, ko duka biyu. A 2025 aka yi sabuwar doka wadda ta tattara tsofaffin dokokin inshora wuri guda, wajibcin kuwa yana nan bai tashi ba. Tun ran 1 ga Fabrairu na shekarar 2025 ɗin 'yan sanda suka ƙara matsawa wajen neman takardar a hanya. Dokar ta Tarayya ce. Abin da ya hau kan direban Ikko, shi ya hau kan direban Kurfi.

Shekaru da yawa naira 5,000 a ke biya wa motar gida. Daga ran 1 ga Janairu 2023 hukuma ta mai da shi naira 15,000, ta kuma ɗaga abin da kamfani zai biya na ɓarnar dukiya daga miliyan 1 zuwa miliyan 3. A wannan tsari babur naira 3,000 ne, a biya masa har miliyan 1. Keke mai ƙafa uku naira 5,000, a biya har miliyan 2. Babbar motar ɗaukar kaya naira 100,000, a biya har miliyan 5. Mutane sun yi gunaguni da ƙarin nan, ba kuwa za a ga laifinsu ba. Amma wanda ya je ya tambayi kuɗin fitilar mota guda da gilashin gaba, ya san miliyan 1 ta daɗe da daina isa.

Iyakar nan ta dukiya ce. Rai da rauni lissafinsu dabam ne. Ku kuma gane ma'anar iyaka. In an ƙiyasta ɓarnar da motar gida ta yi aka sami miliyan 4, kamfani zai ba da 3, ɗayar kuwa tana wuyan mai mota. Takarda ba ta sauke alhaki daga kansa ba, ta dai taya shi ɗauka.

Akwai kuskure guda da ya ke yawan jawo rigima. Mutum ya kan yi karo, ya je kamfani ya ce a gyara masa motarsa, ai yana da inshora. A ce masa a'a, ya fita yana cewa an cuce shi. Ba a cuce shi ba. Inshorar mutum na uku ba ta gyara motar mai ita, ba ta biyansa in an sace ta ko ta ƙone. Mai son wannan sai ya yanki babbar inshora wadda ta game duka. Ita kuwa da tsada, gama a tsarin 2023 kuɗinta ba ya kasa kashi 5 cikin 100 na darajar motar a shekara, doka kuma ba ta tilasta kowa a kanta ba. Haka nan wanda ya yanki takardar motar gida, sa'an nan ya riƙa ɗaukar fasinja da ita ran kasuwa yana karɓar kuɗi, ya saɓa sharaɗi. Wanda ya ba yaro marar lasin tuƙi makulli, shi ma haka. Ranar da abu ya faru, kamfani zai buɗe takarda ya nuna musu inda aka rubuta.

Yanzu sai mu zo ga abin da ke damun zukatan mutane da yawa a ƙasar nan, ko da ba su faɗa a fili ba. Wani ya kan ce, haɗari ƙaddara ce, me ya kawo biya? Wanda ya karanta Risala a zaure ya san amsar. Shari'a ba ta bar jinin da aka zubar bisa kuskure ya tafi a banza ba. Ta sa diyya: raƙuma 100, ko dinari 1,000, ko dirhami 12,000. Ta kuma san mutum guda ba ya iya ɗaukar wannan, sai ta ɗora shi a kan dangin mai kuskuren na wajen uba, waɗanda a ke kira aƙila, su biya cikin shekara uku, kowa gwargwadon ƙarfinsa. Ashe tun kafin a ƙera mota malamanmu sun san hikimar raba nauyi a kan jama'a. Sai dai aƙila ba ta biyan ɓarnar dukiya. Wanda ya kashe san wani, ko da bisa kuskure, daga aljihunsa zai ranka.

Duk da haka malamai da yawa sun yi magana a kan inshorar kasuwanci, saboda rashin tabbas da ke cikin cinikin, da kuma juya kuɗin da ruwa. Saboda wannan aka fito da takaful, inda masu zubi ke ba da kuɗinsu da niyyar taimakon juna, kamfani ya zama wakili mai riƙon amana, in an sami rara a raba musu. A Sudan aka fara kafa irin wannan kamfani a 1979. A Nijeriya hukuma ta fitar da ƙa'idodinsa a 2013, akwai kuma kamfanonin da aka ba izni su ke yinsa. Takardarsu karɓaɓɓiya ce a hanya kamar kowace. Wanda zuciyarsa ba ta kwanta da waccan ba, ga wannan.

Abin da ya fi kowanne cutar mutane shi ne takardar jabu. Mai mota ya kan miƙa wa wani kuɗi a gindin bishiya, ya ce a haɗo masa takardu duka. A kawo masa wata mai kyan hatimi da sunan kamfanin da babu shi a duniya, ko kuwa akwai shi amma bai san da zancen ba. Ya sa ta a aljihun mota, ya yi ta nuna wa ma'aikata a shinge. A ganina wannan ya fi wanda ba shi da takarda sam hasara, gama shi ya biya, ya kuma saki jiki. Maganin abin ba wuya. Kamfanonin inshora suna da rumbun ajiyar sunaye guda, ana ce da shi NIID. Mutum ya danna *565*11# a wayarsa, ya sa lambar motarsa, zai ga ko takardarsa ta gaskiya ce, da ranar da za ta ƙare. A yi wannan tun mai kawo takardar bai bar wurin ba.

To, in Allah ya kawo tsautsayi, me direba zai yi? Da fari ya tsaya. Rai ke gaba da kome, a kai mai rauni asibiti. Lambar hukumar kiyaye haɗurra, wadda aka kafa a 1988, ita ce 122. In ya ga taro ya fusata har yana tsoron ransa, ya nufi ofishin 'yan sanda mafi kusa ya ba da kansa, kada ya nufi gida. Rahoton 'yan sanda shi ne gindin neman biya. Ya rubuta lambar ɗaya motar, da sunan kamfanin inshorarta, da sunayen waɗanda suka gani. In da waya mai hoto, a ɗauka tun ba a janye motocin ba. Sa'an nan ya sanar da kamfaninsa da hanzari, kada ya bari kwanaki su shuɗe.

A nan al'adarmu da sharaɗin kamfani su kan yi karo. Mu mun saba da sulhu. Kafin ƙura ta lafa dattawa sun taru, shugabannin tasha sun zo, a ce wane ka yi haƙuri, wane ka kawo kaza. Sulhu abu ne mai kyau, ya kashe wutar da kotu ba ta iya kashewa. Amma kamfani ya rubuta a takardarsa cewa kada mai mota ya amsa laifi ko ya yi alkawarin biya sai da saninsa. Wanda ya yanke kuɗi a bakin hanya, ya biya, sa'an nan ya zo neman a mayar masa, ya kan sha wuya. Hanyar da ta fi ita ce a yi jaje, a dubo marar lafiya, a taimaka da abin magani, amma zancen adadi a ce a dakata wakilin kamfani ya zo a yi da shi.

Shi ma wanda aka yi wa ɓarna ya san hakkinsa. Sau da yawa talaka ya kan ce, "Na bar wa Allah," alhali bai san akwai kuɗin da aka ajiye dominsa ba. Yafewa alheri ce, mai ita kuwa yana da lada. Amma manomin nan na misalinmu, in ya yafe, mai mota bai ƙaru da kome ba, kamfani ne kaɗai ya huta. Ya kamata ya riƙe takardun asibiti da rasiɗin magani, ya sami shaidar kuɗin sansa daga waɗanda suka san shi, a kai wa kamfani tare da rahoton 'yan sanda. In kamfani ya yi ta jan ƙafa, a kai kuka ga NAICOM, tana da sashen sauraron ƙararraki, kotu kuma tana nan. In akwai marayu cikin magadan wanda ya rasu, a tambayi alƙali tukuna kafin wani ya yafe rabonsu.

Abu biyu ne kamfani ba ya ɗauke wa direba ko nawa ya biya. In ganganci ya yi, hukuncin tuƙin ganganci yana kansa, shi zai tsaya gaban kotu. In kuma rai ya salwanta a hannunsa, akwai kaffara, azumin wata biyu a jere, wannan kuwa sai ya je ga malami ya ji yadda hukuncin ya hau kansa.