Suna Linzami Ne: Mu Bincika Kafin Mu Raɗa

Ya ku 'yan'uwa masu bi na Anka da Gummi da Bukkuyum, sa'anda kwana bakwai na haihuwa ya kusa, iyaye sukan zo wurin fasto ko mai bishara su ce, "A ba mu sunan Ibrananci mai ma'ana mai kyau." Wannan daidai ne. Amma sau da yawa ma'anar da muke ba su jita-jita ce kawai. Yaron kuwa zai ɗauki sunan har kabari. Ga abu uku da ya kamata mu duba.

Na fari, daga wane harshe sunan ya fito? Ba kowane suna na Littafi Mai Tsarki ne Ibrananci ba. Bitrus Helenanci ne, watau dutse. Istifanus kuma rawanin nasara. Bulus daga harshen Romawa ne, ma'anarsa ƙarami. Tabita Aramanci ne, barewa ke nan (Ayyukan Manzanni 9:36). Sunayen Ibrananci da yawa suna ɗauke da sunan Allah: "ya" a ƙarshen Iliya da Ishaya, ko "el" a ƙarshen Daniyel.

Na biyu, kada kunne ya ruɗe mu. Waɗansu sukan ƙi Dauda domin ya yi kama da dauɗa, alhali ma'anarsa ƙaunatacce. Saratu gimbiya ce a Ibrananci, amma ko da yake ya yi kama da sarauta, ba daga wannan kalmar ta Hausa ya fito ba. Ko Musa, da mu da maƙwabtanmu Musulmi muke raɗa wa 'ya'yanmu, yana da bincike. Fitowa 2:10 ta haɗa shi da tsamowa daga ruwa, masana da yawa kuwa suna ganin kalmar Masar ce mai nufin ɗa, irin wadda ke cikin sunan Fir'auna Tutmos.

Na uku, mu buɗe wurin da aka raɗa sunan, mu karanta labarin duka. Tun 1932 muna da Littafi Mai Tsarki cikakke da Hausa, ba mu da hujja. Ishaku dariya ne (Farawa 21:6). Isma'ilu, Allah yana ji (Farawa 16:11). Amma Ikabod, ko da yake yana da daɗin faɗi, uwa ce mai mutuwa ta raɗa shi domin ɗaukaka ta rabu da Isra'ila (1 Sama'ila 4:21). Wa zai so ya ɗora wa ɗansa wannan kaya?

Saboda haka kada mu jira daren suna. Tun mace tana da ciki, bari uba da uwa su zauna da Littafin, su tambayi malamin da ya koyi harsunan nan.

Tambayoyi domin nazari:
1. Me ya sa Na'omi ta so a kira ta Mara? (Rut 1:20)
2. Wa ya zaɓi sunan Yohanna? (Luka 1:13, 59-63)
3. Kun san ma'anar sunayen 'ya'yanku?