Darasin Kicin: Yadda Uwargida Za Ta Haɗa Sosej Da Hannunta A Gida

 

Darasinmu na yau a kan sosej ne, wato niƙaƙƙen naman nan da ake ɗurawa cikin hanji ya fito dogo kamar yatsa. Idan an tsaga burodi an kwantar da shi a ciki, shi ne 'yan birni ke kira hotdok. Duk wadda ta taɓa shiga mota zuwa Gusau ko Sakkwato ta san Gala, wadda kamfanin UAC ya fara yi a 1962. To ita ma niƙaƙƙen nama ne aka naɗe da fulawa, kin ga ashe ba baƙon abu ba ne a bakin yaranmu.

Kar sunan ya tsorata ki. Ma'anarsa da Turanci "kare mai zafi", amma babu ruwansa da naman kare. Asalinsa daga biranen Farankfot na Jamus da Biyana na Ostiriya ne, Jamusawa 'yan ci-rani suka kai shi Amurka a ƙarni na 19. Musulmi ma suna da nasu tun tuni: mutanen Aljeriya, Tunisiya da Maroko suna yin margez da naman rago ko na sa, Turkawa suna da sujuk, Misirawa kuma suna ɗura shinkafa da kayan ƙamshi cikin hanji su kira shi mumbar.

Me ya sa za ki yi da kanki?

Dalili na farko shi ne halacci. A ƙasashen da abin ya samo asali, da yawansa ana haɗa shi da naman alade ko kitsensa, wani kuma naman sa ne amma hanjin da aka ɗura shi na alade ne. Akwai ma wanda da jini ake yinsa. Idan kin sayi na leda, dole ki karanta abin da aka rubuta a jiki, ki duba alamar halal da lambar NAFDAC. Amma wanda kika yi da naman da kika san wanda ya yanka, hankalinki kwance.

Na biyu, hanji. Ranar layya sau da yawa ƙananan hanji a soye suke ƙarewa, ko a bar wa yara. Alhali hanjin tumaki shi ne wanda masu wannan sana'a a duniya suka fi so don siraran sosej, saboda laushinsa.

Kafin ki ɗauki taɓarya

Wannan gargaɗi ya fi girkin kansa muhimmanci, musamman ga 'yan uwanmu na Sunke da sauran ƙauyukan Anka da Bukkuyum. Ba mu manta da shekarar 2010 ba, lokacin da likitocin ƙungiyar MSF suka gano gubar dalma tana kashe yara a Dareta, Abare, Yargalma, Sunke, Tungar Daji, da Bagega wadda sai a 2013 aka yi aikin tsabtace ƙasarta. Yara fiye da 400 suka rasu. Musabbabin kuwa shi ne duwatsun zinare masu ɗauke da dalma da ake shigowa da su cikin gida, ana daka su a turmi ana niƙa su a injin hatsi, ƙurar ta bi abinci da hannun yara.

Sosej aikin daka ne da niƙa. Saboda haka turmi, taɓarya, inji, kwano ko tabarmar da ta taɓa haɗuwa da dutsen ma'adini, kar ki kusantar da nama ko yaji gare su. Wanki ba ya fitar da dalma daga jikin icen turmi, wuta kuma ba ta kashe ta, don ƙarfe ce ba ƙwayar cuta ba. Ba ta da ɗanɗano, ba ta da wari. Idan aron turmi za ki yi, ki tambaya, ba kunya a maganar ran yaro. Tattasai da citta ma kar ki shanya su a ƙasa.

Kayan haɗi

Wannan awon na nama kilo 1 ne, zai ba ki sosej kusan 20:

Tsokar naman sa ko rago, giram 750
Tozo ko kitse mai laushi, giram 250
Gishiri, babban cokali 1 a shafe, wato kusan giram 18
Ruwan ƙanƙara, gwangwanin madara 1 da ɗan ƙari
Madarar gari, babban cokali 3
Garin busasshen tattasai, babban cokali 1
Tafarnuwa, ƙwaya 4
Albasa ƙarama 1
Citta da masoro, ƙaramin cokali ɗai-ɗai
Kanumfari, ƙwaya 3
Sukari, ƙaramin cokali 1
Ƙananan hanjin rago ko akuya, kamar mita 4 zuwa 5

Kar ki ce za ki rage kitse don lafiya. Idan ya gaza kashi 1 cikin 5 na haɗin, sosej ɗin zai fito a bushe kamar dambun da ya kwana. Ki guji kitsen ƙoda, shi ne mai daskarewa a ganɗa. Tozo ya fi.

Mataki na 1: gyaran hanji

Ki yi wannan tun hanjin yana sabo. Ki yanka shi tsawon hannu biyu-biyu, ki matse abin da ke ciki, ki ɗura ruwa ta baki ɗaya ya fita ta ɗayan har sai ya fito fes. Ki jiƙa shi a ruwan ɗumi na ɗan lokaci, sannan ki shimfiɗa shi a kan faranti ko katako mai santsi, ki riƙa kankarewa da bayan cokali a hankali. Za ki ga wani yauƙi yana fita, abin da ya rage ya zama siriri fari har ana hango yatsa ta cikinsa. Wannan fatar ita muke so. Ki sake ɗauraye ta, ki murza da gishiri da ɗan lemon tsami, ki ɗauraye. Idan ba ranar za ki yi aiki ba, ki tsane ta ki binne cikin gishiri mai yawa ki sa a wuri mai sanyi. Ranar aiki sai ki jiƙa ta kamar minti 30 ta saki gishirin.

Daga nan ki wanke hannu da sabulu, ki wanke wuƙa da farantin, kafin ki taɓa tsokar. Ƙwayoyin cutar gudawa a cikin hanji suke zama.

Mataki na 2: niƙa nama

Sirrin wannan girki ɗaya ne, sanyi. Ki cire jijiya da yaɗi, ki yayyanka tsoka da kitse ƙanana, ki ajiye kowanne daban. Mai firiza ta sa su su ɗan fara ƙanƙara. Wadda ba ta da wuta ta sayi ƙanƙara, ta ɗora kwanon naman a kanta, ta kuma fara aikin bayan sallar asuba kafin rana ta yi zafi. Lokacin hunturu ya fi sauƙi.

Ki fara da tsokar ita kaɗai tare da gishirin. Ko da injin niƙa nama na hannu, ko bilanda kaɗan-kaɗan, ko turmi mai tsabta, ki niƙa ta yi laushi, kina yayyafa rabin ruwan ƙanƙarar. Gishiri ne ke fito da wani sinadari mai danƙo daga cikin tsoka, shi ke riƙe kitse da ruwa su zama abu ɗaya. Shi ya sa ba a sa gishiri a ƙarshe. Idan ta fara danƙo, ki zuba kitsen, dakakkun kayan ƙamshi, madara, sukari da sauran ruwan, ki ci gaba har haɗin ya yi sumul kamar ƙullun alala mai kauri.

Ga gwaji: ki ɗebi kaɗan a tafin hannu ki kifa. Idan ya manne bai faɗo ba, ya yi. Idan kin ji haɗin ya daina sanyi a hannu, ki tsaya ki mayar da shi kan ƙanƙara, don in ya yi ɗumi kitsen zai rabu, wajen dahuwa ya tsiyaye ya bar miki dusa. Ki soya ɗan kaɗan ki ɗanɗana gishiri. Kar ki ɗanɗana ɗanye.

Mataki na 3: ɗuri

Ba sai kin sayi inji ba. Mazurari mai dogon baki ya isa, ko ki yanke saman gorar ruwa ta roba ki wanke. Ki shafa mai a bakin, ki tattara hanjin a kansa kamar yadda ake tattara safa, ki bar ɗan tsawon yatsa yana lilo. Ki riƙa tura haɗin da babban yatsa. Sai naman ya leƙo sannan ki ƙulle ƙarshen, don iska ta fita. Kar ki cika shi tam, zai fashe a ruwa. In akwai yarinya a kusa ta riƙe miki, aikin mutum biyu ne.

Idan ya cika, ki matse kowane tsawon taƙi ɗaya ki murɗa sau 3 ko 4, na gaba ki murɗa shi ta ɗaya ɓangaren, ko ki ɗaure da zare. Inda kika ga kumfar iska, ki huda da allura mai tsabta.

Wadda hanji ya gagare ta kar ta fasa. Ta mulmula haɗin dogo ta naɗe da ganyen ayaba, ko ta zuba a gwangwanin alala ta turara. Ki dai guji dafa shi a leda.

Mataki na 4: dahuwa

Ki ɗora ruwa a babbar tukunya. Idan ƙananan kumfa sun fara tasowa daga gindi amma bai kai ga tafasa ba, wato wajen digiri 80, ki zuba sosej ɗin ki rage wuta. A murhu sai ki janye icce ki bar garwashi. Tafasa mai ƙarfi tana fasa hanji. Ki bar shi minti 25 zuwa 30. Mai ma'aunin zafi ta tabbatar cikinsa ya kai digiri 72, in naman kaza ne 74. Wadda ba ta da shi ta yanka mafi kauri ta duba: babu ja, ruwan da ke fita garau. Sai ki tsame ki tsoma a ruwan sanyi mai tsabta minti kaɗan.

Lokacin ci, ki gasa a garwashi ko ki soya da mai kaɗan ya yi ja. Ki tsaga burodi ki sa, da albasa, tumatir, kabeji da yajin ƙuli. Yana shiga cikin taliya, ƙwai, ko dafa-duka.

Ajiya, inda haɗarin yake

Za ki lura naki bai yi ruwan hoda kamar na kanti ba. Ba kuskurenki ba ne. Kamfanoni suna sa wani gishiri mai suna naitarait, shi ke ba da launin, kuma yana hana wata muguwar ƙwayar cuta tsira. Ban ba ki shawarar ki neme shi ba, domin awonsa ƙanƙane ne, in ya yi yawa guba ne. To tunda namu ba shi da shi, ba ya jure ajiya.

Ciwon da wannan ƙwaya ke jawowa sunansa botulizim, daga kalmar Latin mai nufin sosej, saboda wani likita Bajamushe, Justinus Kerner, ya yi bayaninsa tsakanin 1817 da 1822 a kan mutanen da suka ci sosej da ya lalace. Ƙwayar tana son wuri mai ɗumi marar iska. Don haka kar ki ƙulle shi a leda, ko ki nutsa shi cikin mai ki ajiye a ɗaka kamar soyen layya. Ba kilishi ba ne, da ruwa a jikinsa. A firij kwana 2 zuwa 3, a firizar da wuta ba ta yankewa kamar wata 1 zuwa 2. Idan babu ko ɗaya, ki yi daidai cin yini, a ci da zafinsa, saura a aika wa maƙwabta. Wanda ya ci nama sannan ya fara ganin abu biyu-biyu, fatar idonsa ta yi nauyi, ko haɗiya ta gagare shi, a garzaya da shi asibiti nan take.

Yara da yawan ci

Kaurin sosej daidai yake da maƙogwaron ƙaramin yaro. A 2010 ƙungiyar likitocin yara ta Amurka ta sa shi cikin abincin da ya fi shaƙe yara. Yaron da bai kai shekara 4 ba, ki tsaga masa a tsaye gida huɗu sannan ki yayyanka, ya ci a zaune kina kallo.

Kuma kar ya zama abincin kullum. A 2015 cibiyar binciken ciwon daji ta Hukumar Lafiya ta Duniya ta bayyana cewa cin giram 50 na sarrafaffen nama kowace rana yana ƙara haɗarin kansar hanji da kusan kashi 18 cikin 100. Hukumar kuma tana ba babba shawarar kada gishirinsa ya kai giram 5 a yini, ga shi sosej ɗaya ya kusa giram 1. Idan maigida yana da hawan jini, ɗaya ya ishe shi.

Mai son ta mayar da shi sana'a, ƙofa a buɗe take, sai dai ta tuna ba a sayar da komai daga dabbar layya. Na sayarwa ki sayi namansa a wajen mahauci, ki yi daidai wanda zai ƙare a ranar.

Ki fara da rabin kilo. Na farko zai iya fashewa ko ya fito wani kauri wani siriri, ba komai, hannu ne bai saba ba, kuma yara ba za su bar ko guda ba. Allah Ya sa albarka a abincinmu, Ya tsare mana zuri'a. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba.