Kukan Auta da kukan kwikwiyo

Ranar Lahadi aka yaye Auta. Shekararsa biyu. Inna ta goyo shi har gidan Kaka, ta jira ya yi barci, ta sulale ta tafi. Da ya farka bai gan ta ba, sai ya ɓarke da kuka. Aka ba shi fura, ya ture. Ya tsaya bakin zaure yana kiran Inna har muryarsa ta dushe.

A daren nan ba shi kaɗai ke kuka ba. Yayansa Tanko, wanda ke zaune wurin Kaka, ya samo kwikwiyo ɗan sati huɗu daga maƙwabta. Shi ma ya kwana yana kuka a gindin rumbu.

— Kaka, su biyun ba su da lafiya ne?

— Lafiyarsu lau, jikana. Uwa suke nema. Je ka karɓo mini zanen goyon Auta.

Tanko ya kawo zanen. Auta ya rungume shi, ya ji ƙanshin Inna, ya yi ajiyar zuciya, barci ya kwashe shi.

Jinjiri sabon haihuwa bai cika damuwa da wanda ya ɗauke shi ba. Daga wata 6 zuwa 8 yakan fara ƙiwa. Ya gane uwarsa, ya kuma san tana nan ko ba ya ganinta. Amma bai san lokaci ba: a wurinsa « an jima » da « har abada » duk ɗaya ne. Tsoron yakan yi ƙarfi tsakanin wata 10 da 18, ya ragu wajen shekara 3. Ba fitina ba ce, tsawa da duka ba sa maganinta. Sulalewa kuwa ƙara ta take yi, don yaro yakan daina sakin jiki. Gara a yi masa sallama, a faɗa masa lokacin dawowa, a kuma cika alkawari.

Washegari Inna ta zo. Da za ta koma ta ce:

— Auta, zan dawo in shanu sun shigo gari.

Ya yi kuka kaɗan. Da marece ta dawo.

Kwikwiyo kuwa, Tanko ya mayar da shi wurin uwarsa, sai ya cika sati 8.

Tambayoyi
1. Don me Kaka ta aika a karɓo zanen?
2. A gidanku, yaya ɗan akuya yake yi in an tafi da uwarsa kiwo?