Amsoshin Tambayoyinku: An Ƙi Takarduna a Neman Kwangila

Wani ɗan kwangila daga Kiyawa ya aiko yana tambaya: ya shiga takarar aikin gini a wata hukumar tarayya da ke Dutse, kuɗinsa ya fi na kowa sauƙi, amma aka ba wani. Zai iya kai ƙara?

Alhaji, za ka iya, sai dai ba da kotu ake farawa ba. Dokar sayayyar gwamnatin tarayya ta 2007, sashe na 54, ta ce ka rubuta koke ga shugaban hukumar cikin kwanakin aiki 15. In amsarsa ba ta gamsar da kai ba, kana da kwanakin aiki 10 ka kai wa hukumar kula da sayayyar gwamnatin tarayya (BPP) a Abuja. Bayan hukuncinta ne za ka nufi Babbar Kotun Tarayya cikin kwana 30, kuma akwai ta a Dutse. Don Allah kada ka yi sakaci da wa'adin nan, domin shi ke kayar da masu gaskiya.

Arha kaɗai ba hujja ba ce. Alƙali zai duba ko an bi ƙa'ida, ko takardunka na haraji sun cika. In aikin jiha ne kuwa, hukumar tantance kwangiloli ta Jigawa ce ke kula da shi.